Yadda Yaƙi Ya Baro Fagen Daga Ya Shigo Kasuwa

A gidan rediyonmu na karkara muna da wani shiri da muke gabatarwa duk jajibirin kasuwa, inda muke karanto farashin gero da wake da albasa da na dabbobi, kana mu faɗi yadda canjin naira da sefa ya kwana. Shekaru ashirin da suka wuce, duk wanda ya aiko mana da saƙo a kan wannan shiri tambayarsa ba ta wuce nawa tiya take a Jibiya, ko nawa buhu ya kai a Illela. A yau kuwa, da zarar mun buɗe layin waya, kafin a tambayi farashi sai an tambayi hanya. Lafiya aka wuce jiya? Kasuwar za ta ci kuwa? An bar babura su shiga? Wannan canjin tambaya shi ya sa muka ga ya dace mu zauna da masu karatu, musamman ƴan uwa ƴan kasuwar bakin iyaka, mu duba irin yaƙin da ake yi a wannan zamani da dalilin da ya sa ya fi ƙarewa a kanku.

Idan aka ce yaƙi, abin da kakanninmu suka sani shi ne runduna ta fuskanci runduna. Ranar 22 ga watan Afrilu na shekarar 1900 sojojin Faransa ƙarƙashin Kwamanda Lami suka kara da Rabe a Kusiri, bakin kogin Shari. Kafin rana ta faɗi an kashe Rabe, shi ma Lami ya mutu, daular da Rabe ya kafa a Dikwa kuma ta kama hanyar rushewa. Ba muna cewa zamanin da zaman lafiya ake yi ba, don kuwa akwai harin bayi, akwai ƴan fashi a dawa. To amma madugun ayari da zai tashi daga Kano zuwa Gwanja ya san ƙasar wane sarki zai ratsa, ya san inda zai biya fito, ya kuma san wanda zai kai wa kuka idan an taɓa masa jaki. Yaƙi yana da tuta da tambari, yana da mai shi.

Alamar farko da ta nuna mana a wannan yanki cewa abin ya soma canza kama ta fito ne daga arewacin Cadi. A ranar 2 ga watan Janairu na 1987, a garin Fada, dakarun Hisen Habre ƙarƙashin Hasan Jamus suka far wa sojojin Libiya masu tankoki da manyan bindigogi. Su kuwa ƴan Cadi ƙananan motocin Toyota ne gare su, waɗanda aka ɗora wa rokokin fasa tanka da Faransa ta ba su. Kafin tanka ta juya bakinta motar ta harba ta ɓace cikin rairayi. A watan Maris suka ƙwace babban sansanin Wadi Dum. Har yau ana kiran wannan karo da sunan yaƙin Toyota, kuma duk mai niyyar tawaye a Sahara ya karanci darasinsa: mai sauƙin kaya da sauri yana iya kayar da mai nauyi.

Daga Toyota sai aka sauko kan babur, wanda ya fi araha, ya fi sauƙin ɓoyo, yana ɗaukar mutum biyu ko uku da bindigoginsu, yana kuma bin hanyar da mota ba ta bi. Mayaƙa su taru daga wurare dabam-dabam, su kai hari da asuba ko da la'asar, su watse kafin taimako ya iso. Da irin wannan salo na sari-ka-noƙe aka kashe sojan Nijar 71 a Inates ranar 10 ga watan Disamba na 2019, aka kuma kashe 89 a Shinagodar ranar 9 ga watan Janairu na 2020. Babur ɗin nan kuwa shi ne dai wanda ɗan kabu-kabu yake ci da iyalinsa da shi, shi ne wanda mai ƙaramin jari yake ɗaura wa buhu biyu ya kai kasuwar ƙauye. Tun daga nan aka soma rasa bambanci tsakanin kayan yaƙi da kayan neman abinci.

Me ya kawo kasuwa cikin zancen

Mai yaƙin sunƙuru ba shi da baitulmali, ba shi da masana'anta, ba shi da tashar jirgin ruwa. Man da zai zuba wa babur, da taya, da burodi, da maganin rauni, da katin waya, da takin zamanin da ake haɗa nakiya da shi, duk daga kasuwa suke fitowa. Shanun da ya kora daga wani ruga kuma ba su zama kuɗi sai sun bi ta hannun dillali. Saboda haka dole ya sa ido kan kasuwa, ita ma hukuma da ta gane haka sai ta sa nata idon. Babu inda wannan ya fito fili kamar jahar Difa.

Kowa a cikinku ya san tattasan Difa da ake nomawa a gaɓar Komadugu, wanda saboda darajarsa har jan zinariya ake ce masa, kowa kuma ya san bandar tafkin Cadi da ake lodi zuwa Maiduguri har kudancin Najeriya. Dubban iyalai ne suke ci daga waɗannan biyu, daga manomi da masunci zuwa mai saƙa buhu, mai kwali, ɗan dako, direba da mai masauki, kuma da yawa daga masuntan tafkin Hausawa ne da suka je ci-rani suka zauna. Ranar 6 ga watan Fabrairu na 2015 Boko Haram ta kai hari Boso da Difa. Cikin ƴan kwanaki gwamnati ta kafa dokar ta-ɓaci, aka hana hawan babur, aka hana fataucin kifi da tattasai zuwa Najeriya, aka taƙaita sayar da mai da takin zamani, aka rufe wasu kasuwanni. Bayan harin tsibirin Karamga a ƙarshen watan Afrilu, aka umarci mazauna tsibiran tafkin su fice, mutane dubbai suka tako a ƙasa cikin zafin bazara zuwa Ngigmi da Boso, suka bar kwale-kwale da koma da dabbobi a baya.

Hujjar hukuma ita ce mayaƙan suna karɓar haraji daga kifi da tattasai, da wannan kuɗi suke sayen makamai. Wannan magana ba ƙarya ba ce, duk wanda ya yi fatauci a bakin tafki a waɗannan shekaru ya san gaskiya ne. Abin da ba a lissafa da kyau ba shi ne saurayin da aka raba da babur ɗinsa da komarsa a rana ɗaya, aka bar shi zaune a bakin titi a sansanin gudun hijira ba sisi, alhali a ƙetaren ruwa akwai masu yi masa alkawarin babur da kuɗin aure. Sai a watan Oktoba na 2017 aka ɗage hanin tattasai, na kifi kuwa sai a 2019. Kafin lokacin jarin mutane da yawa ya narke, abokan cinikinsu na Najeriya kuma sun nemi wasu hanyoyin.

A ɗaya gefen su ma mayaƙan sun canza dabara. Bayan rabuwar da ƙungiyar ta yi a 2016, ɓangaren da ake kira ISWAP, wanda ya yi ƙarfi a tsibiran tafki, ya lura cewa masunci mai rai ya fi gawa amfani. Sai suka bar mutane su yi su da kiwo da noma a inda suke iko, suna karɓar haraji a kan kwalin kifi da kan garke, har da ba da takardar shaidar biya. Ga ɗan kasuwa wannan shi ne gaba kura baya sayaki. Idan ya biya, soja ya same shi da takardar, ya zama mai ɗaukar nauyin ƴan ta'adda. Idan ya ƙi biya, ko aka gan shi yana yawan gaisawa da jami'an tsaro, ya zama ɗan leƙen asiri, hukuncin wannan kuwa an san shi.

Maganin da aka gwada a Difa an sake gwada shi wurare da dama. A watan Maris na 2016 gwamnatin Borno ta dakatar da wasu kasuwannin shanu huɗu don toshe cinikin dabbobin sata. A farkon 2020 aka hana zirga-zirgar babura a sassan jahar Tilaberi. A watan Satumba na 2021 Zamfara da Katsina da Sakkwato suka dakatar da kasuwannin mako a wurare da yawa, suka hana sayar da mai a jarka da safarar shanu a manyan motoci, aka katse layukan waya, Katsina ta rufe hanyar Jibiya zuwa Gurbin Ɓaure. Mu da muke wannan gefen iyaka mun ji a jikinmu, don kuwa mai dabba a Madarunfa ko Gidan Runji ya rasa mai saye, mai hatsi kuma ya rasa mota. Ana cikin wannan hali ne ƴan bindiga suka buɗe wuta a kasuwar Goronyo ranar 17 ga watan Oktoba na 2021, suka kashe mutum fiye da 40. A ganinmu, matakin da zai hana talaka dubu cin abinci don a hana ɗan bindiga goma shan mai ya kamata a sa masa wa'adi tun ranar da aka kafa shi, a kuma riƙa faɗa wa jama'a abin da ya haifar. Sau da yawa ba a yin ko ɗaya.

Ita kanta kasuwar ta zama abin hari, saboda nan ne kawai ake samun taron jama'a a rana sananniya ba tare da kariya ba. Idan ba a manta ba, a watan Mayu na 2014 an kashe ɗaruruwan mutane a Gamborun Ngala, harin da ya soma daga kasuwa. A 2015 ƴan ƙunar baƙin wake sun tashi bama-bamai a babbar kasuwar Njamena da ta Marwa cikin watan Yuli, da ta Baga Sola cikin watan Oktoba, kana ta Bodo a arewacin Kamaru a watan Janairu na 2016. Da yake sau da yawa ƴan mata ƙanana ake ɗaura wa abin, sai ya zama yarinya mai tallar ƙosai ma ana kallonta da tsoro a ƙofar kasuwa. Ranar 15 ga watan Maris na 2021 aka tare motocin da suka taso daga kasuwar mako ta Banibangu, aka kashe mutum 58. Waɗannan ba soja ba ne, mutane ne da suka je saye da sayarwa suna kan hanyar komawa gida.

Daga kasuwa sai hanya. Wanda ba shi da ƙarfin cin gari da yaƙi yana iya shaƙe shi ta hanyar hana mota shiga. Haka aka yi wa garin Jibo a arewacin Burkina Faso tun daga 2022, inda a watan Satumba na wannan shekara aka far wa ayarin motocin abinci a Gaskinde, aka kashe soja 27 da farar hula 10 bisa ƙidayar hukuma, aka ƙona motoci masu yawa. A watan Satumba na 2025 ƙungiyar JNIM ta ɗauki wannan salo ta kai shi kan ƙasa sukutum, ta shiga ƙona tankokin man da suke shiga Mali daga Senegal da Kodebuwa, har layin mai ya cika Bamako, gwamnati ta rufe makarantu na mako biyu. Ba a harba ko harsashi ɗaya a fadar shugaban ƙasa ba, amma kowane gida ya san ana yaƙi. Waɗanda suka mutu a kan waɗannan hanyoyi kuwa akwai direbobi da yaran mota da yawa a cikinsu.

Kada mu ɗora wa masu tawaye kaɗai, su ma gwamnatoci sun iya wannan makami. Bayan juyin mulkin 26 ga watan Yuli na 2023 a Yamai, ƙungiyar CEDEAO ta rufe iyakoki, Najeriya ta yanke wutar lantarki. Motoci suka yi jerin gwano a Malanbil da Illela da Jibiya, albasa ta ruɓe a cikin buhu. An ɗage takunkumin a watan Fabrairu na 2024, amma Nijar ta bar gadar Gaya a rufe, kayan da suka saba biyowa ta Kwatano suka koma zagayawa daga Lome ta cikin Burkina Faso da rakiyar soja, ta yankunan da ake dasa nakiya a hanya. Kuɗin wannan zagaye da na wannan haɗari a kan buhun shinkafa ya ƙare.

Abin da ke sama

Sabon abin da ya shigo shi ne jirgi maras matuƙi. Amurka ta kashe fiye da dalarta miliyan 100 wajen gina sansanin irin waɗannan jirage a Agadas, ta yi aiki da shi daga 2019 har ta kwashe sojojinta a 2024. Nijar da Mali da Burkina Faso da Najeriya duk sun sayi jirgin Turkiyya mai suna Bayraktar, wanda yake iya yini a sama yana kallo kafin ya saki bam. Ga gwamnatin da ba ta da isassun soja, wannan babban sauƙi ne, kuma ya hana mayaƙa taruwa a fili yadda suka saba. To amma wanda yake zaune a ɗaki mai nisan ɗaruruwan kilomita yana kallon allo, taron mutane kawai yake gani da jerin babura. Ƙungiyar Human Rights Watch ta bayar da rahoto a watan Janairu na 2024 cewa hare-hare uku na jiragen Burkina Faso, tsakanin watan Agusta da Nuwamba na 2023, sun faɗa kan kasuwanni biyu da wurin jana'iza ɗaya, sun kashe farar hula aƙalla 60. A Tudun Biri ta jahar Kaduna, ranar 3 ga watan Disamba na 2023, masu Mauludi ne jirgin soja ya ɗauka ƴan bindiga, aka binne aƙalla mutum 85. Mu ma nan kusa ba mu manta da Nacade ba, a yankin Madarunfa, inda a watan Fabrairu na 2022 bam daga jirgin yaƙi ya kashe yara bakwai, gwamnan Maraɗi na lokacin ya ce jirgin Najeriya ne da ke bin ƴan bindiga.

A nan muna son ƴan uwanmu masu bin ɓarauniyar hanya su saurare mu da kyau, musamman ƴan ruwa-ruwa. Babura goma a jere cikin dare, ba fitila, kowane ɗauke da jarkoki, a wurinku neman abinci ne da kauce wa jami'an duwan. Daga sama kuwa babu abin da ya raba wannan hoto da na masu kai wa daji mai. A da mafi munin abin da zai same ku shi ne a ƙwace kaya a ci ku tara. Yanzu lissafin ya wuce nan.

Su ma mayaƙan sun hau sama. Yaƙin Rasha da Yukren da ya ɓarke a watan Fabrairu na 2022 ya nuna wa duniya cewa ƙaramin jirgin nan da ake ɗaukar hoton biki da shi, idan aka ɗaura masa gurneti, yana iya lalata motar yaƙi ta miliyoyi. A watan Disamba na 2024 ISWAP ta kai hari da irinsa kan sansanin soja na Wajiroko a Borno. A Sudan, inda aka soma yaƙi ranar 15 ga watan Afrilu na 2023, dakarun RSF sun kai hari da manyan jirage marasa matuƙa kan ma'ajiyar mai da filin jirgin Port Sudan a watan Mayu na 2025, garin da yake nesa ƙwarai da inda ake fafatawa. Nisa da daji ya daina zama kariya.

Tambayar da masu saurarenmu suka fi yi ita ce yaushe abin zai ƙare. Yaƙin Biyafara ya ƙare a watan Janairu na 1970 da miƙa wuya, aka san ranar. Tawayen Abzinawa na farko a nan Nijar an rufe shi da yarjejeniyar 24 ga watan Afrilu na 1995, saboda akwai shugabannin da za su sa hannu mabiyansu su ajiye bindiga. Na yanzu kuwa kansa ya yi yawa. An kashe Muhammad Yusuf a 2009 abin ya ƙaru, Shekau ya mutu a watan Mayu na 2021 ba a daina ba. A dazukan Zamfara da Katsina da Sakkwato kowane daba da nasa uban, sulhu da wannan ba ya hana wancan tare hanya, ga kuma Lakurawa da sunansu ya cika kafafen labarai a ƙarshen 2024 suna karɓar abin da suke kira zakka a ƙauyukan bakin iyaka. Inda aka ɗan ga haske, kamar shirin karɓar tubabbu da aka soma a Difa a ƙarshen 2016 aka kai su Gudumariya, ya samu ne ta hanyar janye mutum ɗaya-ɗaya daga daji da ba shi sana'a. Aiki ne mai cin lokaci, kuma ba ya yiwuwa idan kasuwar da zai sayar da abin da ya koya a rufe take. Haɗin kan maƙwabta ma ya yi rauni, don Nijar ta fice daga rundunar haɗin gwiwa ta tafkin Cadi a watan Maris na 2025, alhali ɗan bindiga ba ya tsayawa a buga masa hatimi a iyaka.

Akwai makami na ƙarshe da kowa yake ɗauke da shi a aljihu, wato waya. Da ita ake sanar da daji cewa wane ya sayar da bijimai biyar yau, ga motar da ya shiga. Da ita ake cinikin kuɗin fansa, da ita kuma ake yaɗa saƙon murya a WhatsApp cewa ga su nan tafe, kasuwa ta watse da tsakar rana, a tattake yara, ɓarayi su kwashi abin da aka bari, daga baya a ji babu kowa. Mu a rediyo mun ɗauki ƙa'idar ba ma sanar da hari sai mun ji daga mutum biyu da ba su san juna ba, ko da kuwa za a ce mun makara.

Shirin gaishe-gaishenmu ma ya canza. A da alfahari ne ga Alhaji a ji sunansa a rediyo, a ce ya sauka lafiya daga Kano da mota biyu ta kaya, ana gaishe shi da yaransa, har ya aiko mana da goro. A ƴan shekarun nan su da kansu suke zuwa ofishinmu suna roƙon a daina. Mai son gaida ubangidansa yanzu sai ya ce a gaida mai gida kawai, ba suna, ba gari, ba ranar tafiya. Farashin dabbobi ma mun daina cewa wane ne ya sayi bijimi mafi tsada a kasuwar jiya, muna faɗin kuɗin ne mu wuce zuwa na awaki.